IDAN MAI ƘARA YA RASU, WA ZAI TSAYA A MADADINSA?

Wannan bayani ne da Malamin da ke karantar da 'yan'uwa littafin Risala a yankin Jibiya ya gabatar a garin Mazanya, bayan sallar La'asar, a zaman ta'aziyyar wani dattijo da Allah Ya yi wa rasuwa ya bar shari'ar gona a gaban kotu. Mafi yawan mahalarta samari ne, waɗansu daga Magama da cikin garin Jibiya, waɗansu kuma sun tsallako daga Ɗan Isa ta Jamhuriyar Nijar. 

Bayan ya yi godiya ga Allah (T), ya yi salati ga Manzon Allah (SAW) da alayensa da sahabbansa, ya kuma roƙa wa mamacin gafara, Malam ya fara da cewa abin da ya sa ya zaɓi wannan magana a wannan zama shi ne abin da ya fara ji tun ba a share makoki ba. Ya ce marigayin ya shekara bakwai yana kai da komo tsakanin Jibiya da Katsina a kan gonar da ya gada wajen mahaifinsa, ya kuwa rasu ba a yanke hukunci ba. Ya bar mata biyu da 'ya'ya tara, huɗu daga cikinsu ba su balaga ba. To, sai ga shi manyan 'ya'yan sun rabu biyu. Ɗaya na cewa tunda mai shari'a ya mutu, shari'a ta mutu, a bar wa Allah. Ɗayan kuma na cewa shi ba ruwansa da kotu, damina na faɗuwa zai tara abokansa su shiga gonar su yi shuka, wanda ya isa ya zo ya hana.

Malam ya ce duka biyun sun saki hanya. Na farko yana so ya yi kyauta da abin da ba nasa ba ne shi kaɗai, domin a cikin gonar nan akwai tumunin iyayensa mata, akwai rabon marayu huɗu waɗanda ba su san ma ana shari'a ba. Na biyu kuwa yana so ya mai da shari'ar ƙasa ta koma shari'ar jini, a wayi gari maimakon gawa ɗaya a gidan an samu biyu, ko kuma magajin da ya kamata ya tsaya wa ƙannensa yana gidan yari.

HAƘƘI BA YA SHIGA KABARI

Malam ya ce abin da ya kamata kowane ɗan'uwa ya fara riƙewa shi ne, a Musulunci mutum ne ke mutuwa, haƙƙinsa ba ya mutuwa. Abin da yake bi da abin da ake bin sa duk suna nan. Da zarar rai ya fita, dukiya ta tashi daga hannunsa, kuma gonar da ake jayayya a kanta da kuɗin da yake bin wani duk suna cikin dukiyar. Ya ce shi ya sa a Suratun Nisa'i, aya ta 11 da ta 12, inda Allah (T) Ya yanka wa kowane magaji rabonsa, har sau huɗu aka maimaita cewa rabon yana zuwa ne bayan an fitar da wasiyya da bashi.

Ya kawo ƙissar Sa'adu ɗan Rabi'u (RA), wanda ya yi shahada a yaƙin Uhudu a shekara ta 3 bayan Hijira. Ya bar mata da 'ya'ya mata biyu, sai ɗan'uwansa ya kwashe dukiyar baki ɗaya bisa al'adar jahiliyya. Matar nan ba ta zauna a ɗaki tana cewa a bar wa Allah ba. Ta kama hannun 'ya'yanta ta kai ƙara gaban Manzon Allah (SAW). Da ayar gado ta sauka, sai ya aika aka kira baffan yaran, ya umurce shi ya ba 'yan matan biyu bisa uku, ya ba uwarsu tumuni, abin da ya rage shi ne nasa. Malam ya ce a duba a gani, wanda ya tsaya wa marayun nan mace ce mai takaba, ta kuma ci shari'a.

Sai kuma Jabiru ɗan Abdullahi (RA), wanda shi ma mahaifinsa ya yi shahada a Uhudu, ya bar masa 'yan'uwa mata da bashi mai nauyi. Jabiru saurayi ne a lokacin, kamar waɗanda ke zaune a wurin. Bai ce ai ba shi ya ci bashin ba. Ya je wajen Manzon Allah (SAW) ya nemi ya sa baki masu bin bashin su sassauta, suka ƙi. Sai Manzon Allah (SAW) ya ce ya tara dabinonsa kashi kashi, ya zo da kansa ya zauna a wurin, aka yi ta awo har aka biya kowa, dabino bai ƙare ba.

Amma ƙissar da Malam ya fi tsayawa a kanta ita ce ta Zubairu ɗan Awwam (RA), kamar yadda ta zo a Sahihul Bukhari. Ranar yaƙin Raƙumi, a shekara ta 36 bayan Hijira, ya kira ɗansa Abdullahi ya ce masa yana jin yau za a kashe shi, kuma babu abin da ya fi damunsa kamar bashin da ke kansa. Asalin bashin kuwa ajiya ce. Idan mutum ya kawo masa kuɗi ya ajiye masa, sai ya ce a'a, a mai da shi rance, don kada ya salwanta mai shi ya yi asara. Da aka lissafa sai aka samu miliyan 2 da dubu 200. Abdullahi ya sayar da filin mahaifinsa da ke Gaba, kusa da Madina, wanda aka saya dubu 170, a kan miliyan 1 da dubu 600. Abdullahi ɗan Ja'afar (RA), wanda ke bin dubu 400, ya ce in suna so ya yafe, ya ce a'a, a biya. Bayan an gama biya, 'yan'uwansa suka ce a raba musu gado. Ya rantse ba zai raba ba sai ya yi shekara huɗu yana shela a taron aikin Hajji, duk mai bin Zubairu bashi ya zo. Sai da shekara huɗun nan suka cika sannan aka yi rabo.

Malam ya ce wannan shi ne ma'anar tsayawa a madadin mamaci. Ba karɓar gona kaɗai ba ne. Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski.

YADDA MALAMAN FIƘIHU SUKA TSARA

Daga nan sai Malam ya shiga bayanin abin da ke cikin littattafan da alƙalan ƙasar Hausa suka daɗe suna hukunci da su, wato Risala ta Ibnu Abi Zaid, da Mukhtasar na Shaikh Khalil, da Tuhfatul Hukkam ta Ibnu Asim, alƙalin Garnaɗa a ƙasar Andalus, wanda ya rasu a 1426 Miladiyya. Ya jero abubuwa bakwai.

Na ɗaya, wakilci yana warwarewa da mutuwar wanda ya wakilta. Idan marigayi ya naɗa wani ya riƙa yi masa shari'a, to yanzu dukiyar ta magada ce, sai sun sake naɗa shi ko sun naɗa wani.

Na biyu, alƙali ba zai saurari wanda ya zo yana cewa shi ɗan marigayi ne ba, sai an tabbatar da mutuwar, an kuma ƙidaya magada ɗaya bayan ɗaya da shaidu. Ya ce nan ne ake yawan cin amana. Ana ɓoye 'yar da aka aurar a Maraɗi, ko ɗan matar da aka saki tun da daɗewa, alhali suna da rabo a cikin ƙarar kamar yadda suke da shi a cikin gida.

Na uku, babban wa ba shi ne magada ba, ɗaya ne daga cikinsu. Baligai su ne za su wakilta shi da bakinsu, maza da mata. Ƙananan yara kuwa wasiyyin da uba ya naɗa shi ke tsaya musu, in babu, alƙali ya naɗa wanda zai kula da su. Kuma wanda aka naɗa ba shi da ikon ya yafe haƙƙin maraya, ko ya yi sulhun da zai rage shi ba tare da wata maslaha ta yaron ba.

Na huɗu, wanda ya zo yana bin mamaci bashi, ko ya kawo shaidu sai ya ƙara da rantsuwa cewa bai karɓi kuɗin ba, bai yafe ba, bai kuma tura wani ya karɓa ba. Malamai na kiran ta rantsuwar hukunci. Dalili kuwa shi ne mamaci ba shi da bakin da zai ce ai na biya. Su kuma magada idan rantsuwa ta faɗo kansu, ba za a ce su rantse babu bashin ba, sai dai su rantse ba su da masaniya a kansa.

Na biyar, idan marigayi ne ke bin wani kuma shaida ɗaya kawai aka samu, magada na iya rantsuwa tare da shaidar su karɓa, tunda shari'ar dukiya ce. In akwai ƙaramin yaro a cikinsu, sai a rantsar da wanda ake ƙara, a rubuta shaidar a ajiye, ranar da yaron ya balaga ya zo ya yi tasa rantsuwar ya karɓi rabonsa. Malam ya ce a dubi yadda Shari'a ke jiran yaro ya girma, ba ta rufe masa ƙofa.

Na shida, bashin mamaci a cikin dukiyarsa yake. Ana fara fitar da abin da ke rataye da wani kaya na musamman kamar jingina, sai kuɗin likkafani da binnewa, sai bashi, sai wasiyya daga sulusi, sannan gado. In dukiya ta ƙare bashi bai ƙare ba, ba a tilasta wa ɗa ya biya daga aljihunsa, sai dai in ya yi don jinƙan mahaifinsa, kamar yadda Abu Ƙatada (RA) ya ɗauki bashin mutumin da Manzon Allah (SAW) ya ja da baya ga yi masa salla.

Na bakwai shi ne hauzi. Idan wani bare ya riƙe gona yana nomawa shekara 10, mai ita yana gari, yana gani, ba abin da ya hana shi magana amma ya yi shiru, to ba za a saurari ƙararsa ba bayan haka. Tsakanin dangi kuwa sai abin ya kai kamar shekara 40. Malam ya ce wannan gargaɗi ne ga mai cewa a bar wa Allah. Shirun da zai yi yau, gobe shi ne hujjar abokin shari'a.

ABIN DA DOKAR BATURE TA CE

Malam ya ci gaba da cewa bayan Turawan Ingila sun ci Kano da Sakkwato a 1903, sun bar kotunan alƙalai amma sun ɗora nasu a sama, suka kuma shigo da dokokin da ake aiki da su a Ingila a ranar 1 ga Janairu 1900. A cikin kayan da suka zo da shi akwai tsohuwar ƙa'idar da ke cewa ƙarar da ta shafi mutum a kan kansa tana mutuwa tare da shi. Su kansu sun ga zaluncin da ke ciki, suka gyara ta a ƙasarsu a 1934, amma suka bar ƙarar ɓata suna a kan tsohon hukunci. Har yau a wannan tsari, in ka kai ƙarar wanda ya yi maka ƙazafi ka mutu, magana ta ƙare. A mazhabar Malik kuwa, ɗa na da ikon ya nemi haddin ƙazafin da aka yi wa mahaifinsa ko bayan ransa, domin mutuncin Musulmi ba a binne shi tare da gawarsa.

Amma ya ce kada samari su ruɗe, ko a wannan tsarin ƙarar gona da gida da bashi da ciniki ba ta mutuwa. Ƙa'idojin manyan kotunan ƙasar nan sun tanadi cewa in mai ƙara ko wanda ake ƙara ya rasu, ana rubuta wa kotu buƙata, tare da takardar rantsuwa da shaidar mutuwa, a nemi a cire sunan mamaci a sa na wanda zai tsaya a madadinsa, shari'a ta ci gaba daga inda ta tsaya. In an riga an gama sauraro hukunci kawai ake jira, mutuwa ba ta hana a karanta shi. Sau da yawa Babbar Kotu takan nemi takardar izinin kula da dukiyar mamaci, wadda ake karɓa a ofishin rajistar gado na kotun. Kotunan Shari'a kuwa, waɗanda suka maye gurbin kotunan yanki a jihar Katsina a shekarar 2000, magada da wakilinsu suke nema.

Ya ce akwai ramuka uku da talaka ke faɗawa. Na farko, lauya ya ci gaba da zuwa kotu da sunan mamaci ba tare da an sauya suna ba. A wajensu mamaci ba ya ƙara, ba a kuma ƙararsa, saboda haka duk abin da aka gina a kan haka ana iya rushe shi a kotun gaba. Na biyu, magada su yi zamansu a gida, abokin shari'a ya nemi a kori ƙarar saboda babu mai bin ta. Na uku, hawa tsanin da ba shi ba ne. Sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ya taƙaita Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ga aure da saki da riƙon yara da kyauta da waƙafi da wasiyya da gado. A shari'ar Magaji da Matari, a shekarar 2000, Kotun Ƙoli ta ce jayayyar mallakar fili zalla ba ta cikin hurumin wannan kotu. Sai mutum ya shekara da shekaru yana hawa, a ƙarshe a ce masa ya koma ƙasa ya sake. Malam ya ce tsarin da zai riƙe shari'ar gona ɗaya har mai ita ya tsufa ya mutu, shi kansa abin tuhuma ne, kuma ba don talaka aka yi shi ba.

WAƊANDA SUKA TSAYA SUKA GA ƘARSHE

Malam ya ce duk da haka akwai waɗanda suka daure, ya kuma kawo misali biyu. A 1996, lokacin annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer na Amurka ya gwada wani magani mai suna Trovan a asibitin cututtuka masu yaɗuwa na Kano, a cikin yara kusan 200. Yara 11 suka rasu, waɗansu suka kurumce, waɗansu suka nakasa. Kamfanin ya dage cewa cutar ce ta yi ɓarnar, ba maganinsa ba. Yaran da suka rasu ba su da bakin ƙara, iyayensu ne suka tsaya a madadinsu. An shigar da ƙara a Amurka a 2001, aka yi ta korar ta ana dawowa. Gwamnatin Kano ta shigar da tata a 2007. A 2009 aka yi sulhu a kan Dala miliyan 75, miliyan 35 daga ciki domin waɗanda abin ya shafa. Amma sai a watan Agusta 2011 iyalai huɗu na farko suka karɓi Dala dubu 175 kowannensu, bayan an yi gwajin ƙwayar halitta an tabbatar su ne dangin yaran. Malam ya ce shekara 15 ke nan, kuma ƙofar da aka tsaya a kanta ita ce wadda malamanmu suka ambata tun tuni, wato ka tabbatar kai ne magajin.

Misali na biyu daga Neja Delta ne. A 2008 manoma huɗu suka kai kamfanin Shell ƙara a birnin Heg na ƙasar Holan, saboda man da ya malala ya kashe musu gonaki da tafkunan kifi. Ɗaya daga cikinsu, Barizaa Dooh na ƙauyen Goi a ƙasar Ogoni, ya rasu ana tsakiyar shari'a. Ɗansa Eric ya hau gurbinsa, ya ci gaba da zuwa. Ranar 29 ga Janairu 2021 kotun ɗaukaka ƙara ta can ta ɗora wa reshen kamfanin na Nijeriya alhaki, a watan Disamba 2022 kuma aka amince da biyan Yuro miliyan 15. Malam ya ce wannan ba Musulmi ba ne, amma ya riƙe amanar mahaifinsa shekara da shekaru a ƙasar da ba tasa ba. To ina ga wanda kotunsa ke Jibiya ko Katsina?

MU MUTANEN BAKIN IYAKA

Malam ya ce mutanen Mazanya da Magama suna da ƙarin nauyi da na cikin ƙasa ba su da shi. Katsina da Maraɗi gida ɗaya ne, sarautar Maraɗi ma daga Katsina ta fita bayan jihadi. Turawan Ingila da na Faransa ne suka ja layi a tsakani a farkon ƙarni na 20. Ga shi yau mutum ɗaya yana da mata a nan da mata a Madarunfa, yana bin bashin hatsi da Naira, ana bin sa na shinkafa da Sefa, kuma yawancinsa ba a rubuce yake ba, duk da cewa aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi ta sauka. Takardar da kotun nan ta bayar ba za ta yi aiki kai tsaye a can ba, sai an bi ta hannun hukumomin can, inda akan nemi dangi su zauna su fitar da wakili a rubuce.

Ya tunatar da cewa an rufe wannan iyaka a watan Agusta 2019, ba a buɗe ta Jibiya ba sai a watan Afrilu 2022. An sake rufewa bayan juyin mulkin Nijar na watan Yuli 2023, sai a watan Maris 2024 Nijeriya ta buɗe ɓangarenta. A irin waɗannan shekaru jari ya karye, basussuka suka taru, ga kuma 'yan bindiga da suka yi ta ɗauke magidanta ba shiri. Ya kuma ambaci abin da ya faru a garin Jibiya a watan Agusta 2021, lokacin da motar jami'an kwastam ta afka cikin jama'a aka rasa rayuka. Ya ce diyya haƙƙin magada ce, ana raba ta kamar gado, amma a sani akwai dokar kare ma'aikatan gwamnati da ta ƙayyade wata uku kacal a shigar da ƙara a kansu, ko da yake tana da togaciya. Wanda ya tsaya sai bayan arba'in da rabon gado, yana iya tarar da ƙofa a rufe.

ABIN DA YA KAMATA SAURAYI YA YI

Malam ya ce duk wanda mahaifinsa ko yayansa ya rasu da shari'a a kansa, to a cikin makon farko ya nemo takardun marigayin, da lambar ƙara, da ranar da aka ɗage zama. Ya je ya sanar da rajistaran kotu da lauya in akwai. Ya karɓi takardar shaidar mutuwa daga asibiti ko ofishin Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa. A tara magada duka, a aika wa na tsallake, a tambayi mata ra'ayinsu da bakinsu, a rubuta sunan wanda aka wakilta a gaban shaidu. A yi shela a masallaci da kasuwa, mai bi ya zo, wanda ake bi ya kawo. Kada a raba abin da ake shari'a a kansa, kada kuma a sayar. In akwai mai juna biyu a cikin matan, a dakata da rabo sai ta sauka.

Sannan ya ce abu mafi girma shi ne magaji ya binciki gaskiyar ƙarar da ya gada. In ya gano mahaifinsa ne ke kan kuskure, to biyayya gare shi ita ce a mayar wa mai haƙƙi haƙƙinsa, a sauƙaƙa masa kwanciyar kabari. Manzon Allah (SAW) ya yi gargaɗi cewa wani kan fi wani iya tsara magana har a yanke masa abin ɗan'uwansa, to wanda aka yanke wa haka yankin wuta aka ba shi. Hukuncin alƙali ba ya halatta haram.

TAMBAYOYI

Wani saurayi ya tambaya, shin ya halatta ɗan'uwa ya shiga kotun da ba da abin da Allah Ya saukar take hukunci ba? Malam ya amsa da cewa hanyar farko ita ce sulhu, a kai wa malamai da dattawa su duba da littafi, in ɓangarorin biyu sun yarda a rubuta a kai wa kotu ta rufe ƙarar. Amma in abokin shari'a ya ƙi, kuma haƙƙin marayu zai salwanta, to zuwa karɓo shi ba yarda da tsarin ba ne, da sharaɗin kada ya nemi fiye da abin da Shari'a ta ba shi, kada ya ba da cin hanci, kada ya sayi shaida. Ya ce wanda ke kiran mutane ga adalci a bakin titi, amma ƙannensa marayu suka rasa gonarsu saboda ƙyuyarsa, ya fara gyara gidansa.

Wani kuma ya tambaya game da wanda 'yan bindiga suka ɗauke, ba a san yana raye ko ya mutu ba. Malam ya ce wannan ba mamaci ba ne, ɓatacce ne. Ba a raba dukiyarsa, ba a kuma shiga gurbinsa da sunan gado. Alƙali ne zai naɗa mai kula da dukiyarsa da shari'arsa, har sai mutuwarsa ta tabbata da shaidu, ko alƙali ya yanke hukuncinta bayan wucewar shekarun da irinsa ba ya wuce su, wanda mashahurin zance a mazhaba shi ne shekara 70 daga haihuwarsa.

A ƙarshe Malam ya kira manyan 'ya'yan marigayin su biyu, ya zaunar da su a gabansa, ya ce su yi wa jama'a alkawari ba mai shiga gonar da ƙarfi, ba kuma mai watsar da ƙarar, kuma kafin ranar da kotu ta sa za su zauna da iyayensu mata su fitar da wakili. Suka amsa da to. Aka sa dattawa biyu su je wajen abokin shari'ar su fara maganar sulhu.

An rufe zaman da addu'a ga marigayin da sauran Musulmin da suka riga mu, da roƙon Allah (T) Ya kawo ƙarshen zubar da jini a wannan yanki, Ya sa mu cika ba da haƙƙin kowa a wuyanmu ba. Aka tashi dab da kiran sallar Magariba.